Macijin Ɗakin Mai Takalmi

Matar mai takalmi ta farka da la'asar sakaliya, kamar kullum, ta zauna a bakin gado tana jiran ƙafafunta su yarda su ɗauke ta. Shekara goma sha shida ke nan tana aikin dare a gidan burodi. Takan fita bayan magariba, ta dawo da sassafe da fulawa a gefen farcenta, ta kwanta. Wata bakwai da rasuwar mijinta, amma har yanzu matar mai takalmi ake kiranta, ita ma ba ta ga dalilin gyara wa kowa ba. Tun ranar da aka fita da shi ba ta yi kuka ba. Mutane suna ta yaba haƙurinta, alhali ba haƙuri ba ne. Neman kukan ta yi ta rasa, sai ta ci gaba da tashi da kwanciya da cin abincin da ba ta jin gishirinsa.

Ta fito tsakar gida da buta a hannu, sai ta taka wani abu mai kaifi. Ɓarɓashin siminti ne, warwatse tun daga ƙofar ɗakinta har bakin famfo, kamar an zazzago shi daga sama. A gindin katanga, inda ragowar rana ta maƙale, 'yarta tana kwance rub da ciki, haɓarta a ƙasa, hannayenta manne da jikinta. Shekarar yarinyar goma sha biyu, ita kaɗai Allah ya ba su. Babanta ne ya laƙaba mata 'Yar Ƙusa, don siririya ce, kuma inda ta kafe to ta kafe.

"'Yar Ƙusa, tashi, magariba ta kawo jiki."

Yarinyar ba ta motsa ba. Idanunta a buɗe suke, ba sa ƙiftawa. Uwar ta durƙusa ta taɓa wuyanta, ta ji shi da sanyi kamar ƙarfen ƙofa da asuba. Ta san ya kamata ta yi ihu, amma ihun bai zo ba. Ta zauna a kan ɓarɓashin tana kallon hasken rana yana hawa katanga a hankali, har ya zame ya tafi. A daidai lokacin yarinyar ta yi ajiyar zuciya, ta ƙifta ido, ta ce, "Mama, barci na yi a nan?"

A bayan gidan akwai wani ɗan ɗaki mai taga ɗaya da ke kallon lungu. Nan ne mai takalmi yake aikinsa, ta tagar masu kawo gyara suke miƙo masa takalma. Tsakanin ƙofar ɗakin da gadon matarsa taku goma sha biyu ne, ta ƙirga ya fi sau ɗari. A can ta same shi wata la'asar, kwance a gefen bencinsa, yarinya tana makaranta. Likita ya ce zuciya ce, ya kuma ƙara da wata magana da bai san nauyinta ba: ya ce da alama ya ɗan jima a kwance kafin rai ya yi halinsa. Ita kuwa a duk unguwar an san ta da nauyin barci. Da bakinta take alfahari cewa ko rufin gida aka ɗage ba za ta ji ba, mijin yana murmushi yana cewa ai haka ake so. Tun daga ranar tambaya ɗaya ce ta zauna mata a ƙirji: sau nawa ya kira ta? Ta kulle ɗakin, ta ɗaura makullin a bakin zani, ba ta sake leƙawa ba.

Amma ba shi kaɗai yake zaune a ɗakin ba. Akwai wani dogon maciji, irin marasa dafin nan masu cin ɓeraye, da yake shiga da fita ta wani rami a gindin bango. Mai takalmi yana ce masa mai gadi, don tun da ya tare ɓera bai sake taɓa masa fata ba. Makonni uku kafin wannan yammacin, matar ta tashi shan ruwa da rana tsaka, don yanzu abu kaɗan yake tashinta, sai ta ga macijin yana ratsa tsakar gida, ya bi ta gefen ƙafar 'Yar Ƙusa da ke wanke-wanke. Ta faɗa wa yayar mijinta, wadda yarinyar ke kira Goggo. Goggo mace ce da ba ta taɓa rasa amsar tambaya ba, ko da ba a yi mata tambayar ba. Ta zo da siminti a leda, ta ce, "Maciji ai ɗan dare ne, kowa ya sani. Mu bari duhu ya yi ya fita yawonsa, sai mu toshe. Ya dawo ya tarar ba ƙofa, ya nemi wani gidan." Matar da ta gan shi da idonta da rana ƙiri-ƙiri ba ta ce uffan ba. A kwanakin nan duk abin da aka ce ta yi, yi take. Bayan isha'i suka kwaɓa simintin, suka cusa a ramin, Goggo ta shafe shi da bayan cokali.

Washegarin ranar da aka tsinci yarinyar a gindin katanga, Goggo ta dawo da tabarmarta da tocila da carbi. Ta dubi ɓarɓashin, ta dubi yarinyar, ta ce wannan jifan mutanen ɓoye ne, kuma su da dare suke aiki. Matar ta nemi hutu a gidan burodi. Kwana huɗu suna raba dare a zaune, fitilu a kunne, rediyo yana karatu, ba su ji ko faɗuwar cokali ba. Yarinyar ma barcinta take sha lafiya lau. Da gari ya waye sai gajiya ta kayar da su, Goggo tana minshari kamar injin niƙa. Idan suka farka da yamma sai su tarar da sabon ɓarɓashi, da yarinya a kwance a rana, jikinta ƙanƙara. Goggo ta ce lallai waɗannan masu wayo ne, sun gane ana gadi.

A rana ta biyu yarinyar ta daina cin abinci. A rana ta uku ta daina shan ruwa, ko an ɗura mata sai ya dawo ta gefen baki. Leɓɓanta suka tsage, fatar hannunta ta fara saɓulewa fari-fari. Sun kai ta asibiti da yamma, lokacin tana cikin hankalinta, aka auna aka ce ba a ga komai ba, a dai riƙa ba ta ruwa. Uwar tana kallon 'yarta tana ƙarewa kamar sabulu a cikin ruwa. Ta san tana son yarinyar nan fiye da ranta, sani take yi kamar yadda mutum ya san lambar gidansu, amma jin abin ya ƙi isowa inda take.

Wata abokiyar aikinta ce ta yi mata kwatancen wani malami mai gyaran agogo a bakin kasuwa. Ya zo da hantsi, dattijo ne ɗan tsamurmuri, idonsa na dama ya ɗan ƙanƙance saboda shekarun maƙala gilashin aiki. Bai nemi turare ba, bai nemi komai ba. Ya tsuguna ya ɗauki ɓarɓashin ya murza, ya ce, "Da ƙarfe nawa ake jifan?"

"Da dare mana, Malam," in ji Goggo.

"Kun ji da kunnenku?"

Matar ta ce, "Ba mu taɓa ji ba, Malam. Da yamma muke tarar da shi."

"To baiwar Allah, wa ke farke a gidan nan da azahar?"

Malam ya miƙe. Ya zaga gidan hannunsa a baya, har ya tsaya a gaban sabon shafen da ke gindin bangon ɗakin baya. Matar ta ba shi labarin macijin, da yadda suka jira duhu. Ya taɓa shafen da yatsa, ya ce:

"Macizai ba ɗabi'arsu ɗaya ba. Akwai na dare, akwai na rana. Irin wannan mai cin ɓera, sai rana ta gasa masa jiki yake iya farauta. Da rana yake fita, magariba na yi ya koma makwancinsa. Sai in zafi ya yi tsanani ne yake jinkirtawa zuwa sanyin yamma, kuma watan jiya ba a yi zafi ba." Ya juyo ya dube su. "Ba waje kuka toshe shi ba. Ciki kuka rufe shi."

Goggo ta ce, "Ikon Allah," da ƙaramar murya irin wadda ba a san ta da ita ba.

Malam ya sa aka shimfiɗa masa tabarma a inuwa, ya ajiye agogonsa a gabansa, suka zauna jira. Unguwa ta yi tsit irin na tsakar rana, lokacin da yara suka gaji da wasa, masu talla suka nemi inuwa. Da inuwar katanga ta tattare ta koma gindinta, sai suka ji ƙas a kan kwanon rufi. Sai wani. Sai ɓarɓashi ya fara zubowa ɗaya bayan ɗaya daga sararin da babu ko gajimare, yana gangarowa ta indararo. Ƙofar ɗaki ta buɗe, 'Yar Ƙusa ta fito da jan ciki, ba da hannu ba, ba da gwiwa ba, ta ratsa tsakar gida ta miƙe a inda rana ta fi zafi.

Malam ya matso ya fara karatu, a hankali, ba ɗaga murya. Ya yi ta yi har gumi ya jiƙa masa wuyan riga. Can yarinyar ta ɗago kai daga ƙasa, wuyanta ya miƙe fiye da yadda wuyan mutum ke miƙewa. Muryar da ta fito busasshiya ce, kamar ana jan buhu a kan siminti.

"Ya isa, mai agogo. Ina ji."

"Wane ne kai, kuma me yarinyar nan ta yi maka?"

"Ba ta yi min komai ba. Tana zuba min ruwa a murfin gwangwani. Shekara tara ina sanye da jikin macijin da ke cikin ɗakin can, ni da mai ɗakin ba mu taɓa saɓawa ba. Aka zo ina barci aka liƙe min ƙofa. Ƙofar katakon ma mai ɗakin ya bi gefenta da roba, ko iska ba ta wucewa. Jikin yana mutuwa da ƙishi. Na yi jifa, na yi jifa, duk gidan barci ake. Sai na ari wannan."

"Aro da izini ake yinsa," in ji Malam. "Za a buɗe maka. Ka fita ka bar ta."

"A fasa abin da aka liƙe. Ta inda na saba zan fita." Kan yarinyar ya juya sannu a hankali har idanun da ba sa ƙiftawa suka tsaya a kan uwar. "Amma jikin nan da ɗumi yake. Ban taɓa sanin akwai masu ɗauke da ranarsu a ciki ba. Matar abokina, ina nan ranar da mijinki ya rasu. Ina kan buhun fata, ina kallonsa tun daga faɗuwarsa har ƙarshe. Ki bar ni a nan zuwa azahar ɗin gobe, in faɗa miki abin da ya fito daga bakinsa."

"Kada ki saurare shi," in ji Malam, bai ko waiwayo ba. "Suna haɗa gaskiya ɗaya da ƙarya goma. Kuma yarinyar nan kwana biyu ba ruwa, ba za ta kai gobe ba."

Ya kamata a ce uwa ta amsa nan take. Ba ta amsa ba. Ta tsaya, hannunta a kan ƙullin makullin, kuma a karo na farko cikin wata bakwai ta ji tana son wani abu. So take ta sani, so mai zafi. Ta ji kanta tana lissafin awannin da ke tsakanin yau da gobe, tana cewa ai yarinyar da ƙarfinta. Goggo tana girgiza mata kafaɗa tana cewa, "Ke, ke, wai ba ki ji ba ne?" Sai idonta ya sauka a kan leɓɓan da muryar ke fitowa daga cikinsu, ta ga sun tsage har jini ya bushe a kai. Kunya ta rufe ta tun daga kai har ƙafa.

"Riƙe abinka," ta ce. "Ba ni 'yata."

Ta kwance makullin ta nufi ɗakin baya, don duk gidan babu guduma sai a can. Ƙofar ta buɗe ba ƙara ko kaɗan. Warin gam da fata ya tare ta. Komai yana inda yake: takalman mutane a jere da ƙura a kansu, basilla a soke jikin benci, kofin shayinsa ya bushe. A lungu, bayan buhun fata, macijin yana naɗe, ya rame har ƙashin bayansa ya fito, ko kai bai ɗaga ba. Ta ɗauki gudumar daga kan benci ta fito, ta durƙusa a gaban shafen, ta ɗaga ta buga.

Wani ɗan sauti ya fito, dif, kamar an jefa matashin kai a ƙasa. Ta sake bugawa, simintin ko gezau. Sai ta duba abin da ke hannunta. An naɗe kan gudumar da fata mai kauri, an bi ta da tsumma, an ɗaure da zaren ɗinki tam. Ta gane tsumman, tsohon ɗankwalinta ne mai ɗigo-ɗigo da ta daɗe tana nema. Ta sa haƙori ta tsinke zaren, ta warware, ƙarfen ya fito yana ƙyalli. Ta buga.

Ƙarar ta daki katanga ta dawo, tantabarun maƙwabta suka tashi fir, wani jariri ya tsala kuka a gida na uku. Ita kanta sai da ta firgita. Bugu huɗu simintin ya ruguje. Suka ja da baya suka tsaya. An ɗan jima kafin kan macijin ya leƙo, harshensa yana ɗanɗana iska. Ya fito a hankali, tsawonsa ya ƙi ƙarewa, ya tsaya a bakin famfo inda ruwa ke taruwa ya sha, ya sha, sannan ya bi ta magudanar ruwa ya fice, rana tana tsakiyar sama.

'Yar Ƙusa ta yi atishawa sau uku, jikinta ya saki. Ta ce, "Mama, ruwa."

Malam ya ce a ba ta kaɗan-kaɗan, da cokali. Ya ɗaura agogonsa, ya ce kada a sake toshe ramin, in macijin ya dawo a bar shi ya yi gadinsa. Goggo ta raka shi ƙofa tana ba shi labarin yadda tun farko ita dama jikinta ya ba ta.

Uwar ta zauna a ƙofar ɗakin baya, yarinyar jingine da ƙirjinta, tana ba ta ruwa cokali-cokali. Ɗumi yana dawowa jikin yarinyar, tana jinsa ta cikin riga. Daga inda take zaune tana ganin cikin ɗakin da hasken rana, abin da ba ta taɓa yi ba, don duk shekarun nan a irin wannan lokacin barci take. Ta ga ƙarfen da ake kifa takalmi a kai yana zaune a kan bargo ninki huɗu. Ta ga robar tayar keke da aka bi gefen ƙofa da ita. Ta ga an sa wa ƙafafun bencin takalman roba. A jikin tagar, ta wajen lungu, akwai ɗan kwali da rubutun hannunsa ya koɗe: a ƙwanƙwasa a hankali.

"Tun yaushe ya ɗaure gudumar nan?"

"Tun ina ƙarama," in ji yarinyar, muryarta a dishe. "Duk sati fatar take cinyewa, ni nake riƙe masa ya sake ɗaurawa. Ƙusar da zai buga sau ɗaya sai ya buga sau biyar. Ya ce kada in faɗa miki, za ki ce ya daina wahalar da kansa." Ta haɗiye ruwa. "Ko tari ya taso masa, lungu yake fita ya yi. Ranar da na yanke da wuƙarsa ma toshe min baki ya yi, ya ce Mama ta kwana a tsaye."

Uwar ta dubi wurin da ta same shi a kwance, a gefen bencin. Ga bokitin ƙarfe nan, ko miƙa hannu ba sai ya yi sosai ba, da ya ture shi da duk unguwa ta ji. Bokitin yana tsaye a inda yake, da busasshen ruwan jiƙa fata a gindinsa.

Ta ajiye cokalin. Ta ɗauki tsumman ɗankwalin daga ƙasa ta shimfiɗa a cinyarta, tana gyara shi da tafin hannu, duk ya huhhuje da bugun ƙusa.

"Ashe ni ba mai nauyin barci ba ce," ta ce.

Sai kukan ya zo, da ƙarfinsa, da rana tsaka. Yarinyar ta ɗaga hannu da sauri za ta rufe mata baki, kamar yadda aka koya mata, sai ta tuna babu mai barci a gidan, ta sauke hannun.